Farin Beyar da Ƙanƙarar da Ba Ta da Mai Gadi

Mu a Bauchi mun san hanya ɗaya ta hana naman daji ƙarewa, kuma tana aiki in an riƙe ta da gaske. A shata iyaka, a hana shiga da bindiga, a ɗauki masu gadi a biya su haƙƙinsu, wanda aka kama da haure a miƙa shi gaban alƙali. Haka aka yi wa Yankari tun 1956, kuma duk da sakacin da aka sha gani, shi ya sa har yau akwai giwaye a ƙasar Alkaleri bayan sun ɓace a yawancin dazukan Arewa. A nan mai ɓarnar mutum ne, yana da sawu, ana iya bin sa.

An taɓa yi wa farin beyar irin wannan magani, ya kuwa ci. Wannan ƙaton dabba da yaranmu suka sani a katun yana zaune ne a ƙuryar arewacin duniya, yankin Aktik, a ƙasashe biyar: Kanada, Amurka ta ɓangaren Alaska, Rasha, Norway ta tsibiran Svalbard, da Girinlan da ke ƙarƙashin Denmark. A shekarun 1950 da 1960 an yi masa kisan ba gaira ba dalili. A Alaska masu hannu da shuni kan yi hayar ƙananan jiragen sama su bi shi a kan ƙanƙara su harbe don fata. A Svalbard akwati ake kafawa da bindiga a ciki, a ɗaura nama a kunamarta, beyar na jan naman sai ya harbe kansa, uwa ce mai shayarwa ko namiji ba ruwan tarko. Ranar 15 ga Nuwamban 1973 ƙasashen nan suka zauna a birnin Oslo suka sa hannu a kan yarjejeniyar kare shi, a lokacin da Amurka da Tarayyar Sobiyet ba sa ga maciji da juna. Aka haramta farauta da jirgin sama da manyan jiragen ruwa, aka bar wa 'yan asalin yankin farautarsu ta gado. Norway ta hana gaba ɗaya. A wurare da dama dabbar ta farfaɗo.

Yau ana ƙiyasin akwai kimanin 26,000, wato tsakanin 22,000 da 31,000, kusan kashi biyu cikin uku a Kanada. Amma tun 2006 ƙungiyar IUCN mai lura da halin da halittu ke ciki ta sa shi a jerin waɗanda ke fuskantar barazana, a 2015 kuma ta ce akwai yiwuwar a rasa fiye da kashi 30 cikin 100 kafin tsakiyar wannan ƙarni. Wannan karon wurin da yake taka ƙafa ne ke narkewa, kuma ba za a gane girman matsalar ba sai an san yadda dabbar ke samun abinci.

Namijin beyar kan kai kilo 350 zuwa 700, macen kuma kusan rabin haka. Fatarsa baƙa ce ƙirin. Gashin da muke gani fari ba shi da launi, dogayen silin ma da rami a cikinsu, haske ne ke tarwatsewa a kai ido ya ga fari. Ƙarƙashin fatar akwai kitse da kan kai kaurin santimita 10, tafin ƙafarsa kuma faɗinsa ya kai santimita 30, yana raba nauyi a kan siririyar ƙanƙara, a ruwa kuma da shi yake tuƙi. Abin mamaki, sanyi bai dame shi ba kamar zafi. In ya yi gudu mai tsawo jikinsa ɗaukar zafi yake yi, shi ya sa tafiyarsa a tsanake take, kilomita biyar ko shida a awa. Ɗan'uwansa na kusa shi ne beyar mai ruwan ƙasa, har yanzu ma suna iya haihuwa tare, an harbi wani ruwa-biyu a arewacin Kanada a 2006. Bayan rabuwarsu jikin farin ya sauya yadda yake sarrafa mai a jini, ya zama yana cin kitsen da zai toshe jijiyoyin zuciyar ɗan Adam, shi kuwa ko a jikinsa.

Duk wannan shiri saboda abinci ɗaya ne, wata dabbar teku mai shayarwa da ake kira sil. A ruwa take rayuwa, amma iska take shaƙa, kuma jikinta kitse ne jingim. A cikin ruwa beyar ba ya iya kamo ta, ta fi shi sauri nesa ba kusa ba. Sai in teku ta daskare. A lokacin sil kan buɗe ramuka a ƙanƙara da faratanta, tana zagayawa tana leƙowa ta sha iska. Beyar kan sansano irin wannan rami daga nisan da ya wuce kilomita guda. Ya zo ya kwanta rub da ciki a bakinsa, haɓa a kan ƙanƙara, ba motsi, domin ko ƙarar takunsa ana ji daga ƙasa. Rabin awa, awa guda, wani lokaci fiye. Da ruwan ramin ya motsa, hanci ya ɓullo, sai ya kai cafka da haƙora da farata a ka, ya fizgo ta waje ta wannan ƙaramar kafa. Sau da yawa a banza yake zaman, domin ramukan sil da yawa, ba ta kuma gaya masa wanda za ta bi ba. In ya dace kuma yana da ƙoshi, sai ya cinye fata da kitse ya bar tsokar ga yanyawa da tsuntsaye. Ba almubazzaranci ba ne. Jiki na samun ruwa daga ƙona kitse, tsoka kuwa sai an kashe ruwa wajen fitar da dattinta ta fitsari, a ƙasar da duk ruwan sha ya daskare.

Kakarsa gajeriya ce. Wajen Maris da Afrilu sil ke haihuwa a cikin kogunan dusar ƙanƙara, 'ya'yan kuma kafin a yaye su sun yi ɓul-ɓul, ga su ba wayo. Beyar ya sansano kogon, ya miƙe tsaye ya faɗo da ƙafafun gaba biyu ya fasa rufin. Daga Afrilu zuwa farkon Yuli yake tara mafi yawan abin da zai riƙe shi shekara. A yankunan da ƙanƙara ke narkewa ƙarƙaf sai ya fito tudu ya yi zaman jira, yana cin kitsen jikinsa, kullum yana rage kimanin kilo guda, har teku ta sake daskarewa.

Macen ta fi shan wuya a wannan lissafi. Barbara a Afrilu ko Mayu ake yi, amma cikin ba ya kama mahaifa sai wajen Satumba ko Oktoba. Jikinta jira yake ya ga abin da ta tara. In kitsen bai kai ba, cikin ba ya zama. In ya kai, ta haƙa kogo a tarin dusar ƙanƙara ta shiga ta rufe. A nan cikin duhu take haihuwa tsakanin Nuwamba da Janairu, galibi tagwaye, kowanne bai kai kilo guda ba, ido a rufe. Nononta kusan kashi ɗaya cikin uku mai ne, kuma duk daga jikinta yake fita, ba ta ci ba ta sha. Kafin su fito a Maris ko Afrilu 'ya'yan sun kai kilo 10 ko fiye. A mashigin tekun Hudson na Kanada, inda uwa ke baro ƙanƙara tun Yuli, takan yi wata takwas ba ta sa komai a baki ba, sannan ta fito da jarirai a bayanta ta nufi teku neman sil. Suna tare da ita shekara biyu da rabi, saboda haka haihuwarta sai bayan shekara uku-uku, ba ta kuma farawa sai ta shekara huɗu ko biyar. Dabbar da ke haihuwa haka, in ta yi asara ba ta saurin mayarwa.

Tun 1979 tauraron ɗan Adam ke auna ƙanƙarar tekun Aktik. A watan Satumba take kaiwa mafi ƙanƙanta, kuma wannan adadi na Satumba ya yi ta raguwa da kimanin kashi 12 cikin 100 a duk shekara goma. A 2012 ta sauko zuwa murabba'in kilomita miliyan 3.4, kusan rabin yadda aka saba gani a shekarun 1980. Yankin na ɗumama kusan ninki huɗu na sauran duniya, dalilin kuma a fili yake: farar ƙanƙara mayar da hasken rana take yi sama, ruwan teku mai duhu kuwa shanye shi yake yi. Ƙanƙara ta narke, ruwa ya sha zafi, zafin ya ƙara narkar da ta kusa. Akwai kuma abin da ba a cika faɗa ba. Ba kowace ƙanƙara ce ke da amfani ga beyar ba. Wadda ke kan ruwa marar zurfi kusa da gaɓa ita ce mai albarka, nan gansakuka ke tsirowa a ƙarƙashinta, ƙananan halittu su ci, kifi ya ci su, sil ta ci kifi. In ƙanƙarar ta ja da baya zuwa tsakiyar teku mai zurfi, beyar na da wurin tsayawa amma ba abin kamawa.

Inda aka fi bin diddigi shi ne yammacin Hudson. Kwanakin da beyar ke yi a tudu sun ƙaru da makonni uku zuwa huɗu in aka kwatanta da shekarun 1980. A ƙarshen shekarun 1980 an ƙiyasta kimanin 1,200 a wurin. Ƙidayar da aka yi ta jirgin sama a 2016 ta ba da 842, ta 2021 kuma 618, kuma mata da ƙanana ne suka fi raguwa. A kudancin tekun Beaufort, gefen Alaska, an rasa kusan kashi 40 cikin 100 tsakanin 2001 da 2010.

Mutumin mu da ya san daji zai ce, haba Malam, ai dabba ba ta mutuwa da yunwa ga abinci a gabanta, in babu sil ya ci wani abu mana. Tambaya ce mai kyau, an kuma gwada. Masu bincike sun maƙala wa beyar 20 kyamara a wuya a lardin Manitoba na Kanada, suka bi kowanne kimanin mako uku yana tudu, aka fitar da sakamakon a 2024. Wasu sun kwanta sun rage motsi. Wasu sun yi ta yawo suna cin 'ya'yan itatuwa da ciyawa da mushen tsuntsu. Masu kwanciyar da masu yawon duk tafiyarsu ɗaya, 19 cikin 20 sun rame, wajen kilo guda a rana. Ƙarfin da ake kashewa wajen nema ya cinye ribar abin da aka samo. Guda ɗayan da ya yi ƙiba mushen dabbar teku ya tsinta a gaɓa. Iyo ma ba mafita ba ne. A 2008 an bi wata mace da ta yi kwana tara tana iyo a tekun Beaufort, kilomita 687, kafin ta taka ƙanƙara. Da aka sake kama ta bayan wata biyu ta rasa kashi 22 cikin 100 na nauyinta, ɗanta kuma ba ya tare da ita. Yawancin irin wannan labari na mata ne, saboda wuyan babban namiji ya fi kansa kauri, na'urar bin sawu ba ta zama, zamewa take yi.

Amma a yi hattara da hotunan da ke yawo a waya. A 2017 wani bidiyo na beyar da ya ƙanjame yana jan ƙafa yana tonon shara ya zagaye duniya, da rubutun cewa ga abin da sauyin yanayi ke yi. Shekara guda bayan haka mujallar National Geographic da ta yaɗa shi ta amsa cewa ta wuce gona da iri, domin ba wanda ya san abin da ya sami wannan dabbar. Tsufa da ciwo da rauni na ramar da beyar tun kafin a ƙera injin. Masana sun daɗe da raba fararen beyar gida-gida bisa yankunan da suke zaune, kuma halinsu ba ɗaya ba ne. Na tekun Chukchi, tsakanin Alaska da Rasha, an same su da ƙoshi. A can arewa ƙwarai, a Kane Basin da M'Clintock Channel, ƙaruwa ma suka yi, domin tsohuwar ƙanƙara mai kauri da ba ta barin haske ya ratsa ta koma siririya, abinci ya yawaita. Masu binciken da kansu na ganin daɗin na ɗan lokaci ne, siririyar ma in ɗumi ya ci gaba za ta tafi. Gidaje da dama kuma, musamman na ɓangaren Rasha, ba a da ƙidayarsu mai kyau, don ƙirga farar dabba a farin fili mai faɗin ƙasashe aiki ne na jirgi mai saukar ungulu da maƙudan kuɗi.

Masu musun ɗumamar yanayi kan riƙe wannan su ce a shekarun 1960 beyar 5,000 ne suka rage, yau ga 26,000, ina matsalar? Adadin farko hasashe ne, ba ƙidaya ba. Kuma ko an yarda da shi, abin da ya nuna shi ne hana kisa ya yi aiki, bai ce komai ba a kan ƙanƙara. A ganina ɓangarorin biyu kuskure ɗaya suke yi, suna neman amsa a hoto guda ko lamba guda, alhali abin dubawa shi ne yawan kwanakin da uwa ke samu a kan ƙanƙara kafin ta shiga kogo.

Saɓanin da ya fi wuya ba da waɗannan ba ne, da mutanen Inuit ne, 'yan asalin arewacin Kanada da Girinlan. Sun yi dubban shekaru suna farautar beyar, suna cin naman suna sa fatar. Yau a yankin Nunavut na arewacin Kanada kowane gari yana da adadin da aka yarje masa a shekara, wasu garuruwan kan sayar da wani kaso ga baƙi masu kuɗi, da sharaɗin ɗan gari ne zai yi jagora da keken karnuka. Dattawansu da yawa na cewa beyar ƙaruwa ya yi, har ya hana su sakewa a wuraren da iyayensu ke kafa tanti ba fargaba. A 2018 beyar ya kashe mutum biyu a Nunavut cikin wata biyu, ɗaya uba ne da ya tare shi don 'ya'yansa su tsira. Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Manomin da giwa ta tattake masa gonar shekara a dare ɗaya a gefen Yankari ba zai saurari mai cewa giwaye sun kusa ƙarewa ba, kuma ba ƙarya yake yi ba a kan abin da idonsa ya gani. Maganganun biyu na iya zama gaskiya tare. Dabbar da a da take can nesa a kan teku yanzu tana daɗewa a gaɓa, da yunwa, kusa da gidaje, dole a fi ganinta ko da yawanta ya ragu. Wani nazari da ya tattara hare-hare 73 daga 1870 zuwa 2014, waɗanda suka ci ran mutum 20, ya gano manyan maza ramammu ne suka fi kai wa mutane farmaki. A Fabrairun 2019 fiye da 50 suka mamaye garin Belushya Guba na Rasha suna tonon juji, wasu har cikin gine-gine, sai da aka sa dokar ta-ɓaci. Sau biyu, a 2010 da 2013, Amurka ta nemi taron CITES, yarjejeniyar duniya mai kula da cinikin namun daji, ya haramta cinikin fatar beyar tsakanin ƙasashe, sau biyu ta sha kaye, Kanada da Inuit suna cewa ana neman a hukunta talakan da bai narkar da ƙanƙarar ba.

Abin da ya rage a hannun ma'aikatan daji shi ne raba faɗa. A Churchill, wani ƙaramin gari a gaɓar Hudson da bai kai mutum dubu ba, beyar kan taru a Oktoba da Nuwamba suna jiran teku ta daskare. Akwai masu sintiri da harsashin tsoratarwa, da lambar waya da ake kira dare da rana. Wanda ya ƙi jin kora sai a sa masa tarko da man sil, a kai shi wani tsohon ginin soja mai ɗaki 28 da mutanen garin ke kira gidan yarin beyar. Yana iya yin wata guda a ciki, ruwa kawai ake ba shi, don kada ya ɗauka zuwa gari na nufin abinci. In lokaci ya yi a yi masa allurar barci, a sa shi a raga, jirgi mai saukar ungulu ya rataye shi ya kai shi arewa. Dabara ce mai kyau, ta rage kisa ta kowane ɓangare, amma ba ta ƙara wa teku ko kwana ɗaya na ƙanƙara ba.

Gwamnatoci sun san inda gizo ke saƙar. A 2008 Amurka ta sa farin beyar a ƙarƙashin dokarta ta kare halittu, ta kuma ambaci narkewar ƙanƙara a matsayin dalili. A rana guda kuma ta haɗa da ƙa'idar da ta rufe ƙofar amfani da dokar wajen taka wa masu fitar da hayaƙi birki. Wani lissafi da aka wallafa a 2016 ya nuna duk tan guda na iskar kabon da aka saki yana tafiya da kimanin murabba'in mita uku na ƙanƙarar Satumba, daga masana'antar Sin ya fito ko daga motar Amurka ko daga gas ɗin da ake ƙonawa a banza a Neja Delta. Afirka gaba ɗayanta ba ta kai kashi 4 cikin 100 na hayaƙin duniya ba, saboda haka ba mu ne a gaban layin masu laifi ba. Wani nazari na 2020 ya yi ƙoƙarin auna kwana nawa uwa da 'ya'ya za su iya jure yunwa, ya haɗa da hasashen ƙanƙara, ya ce in hayaƙi ya ci gaba da hauhawa, kafin shekarar 2100 yawancin gidajen za su kasa raya 'ya'ya. Ƙanana ne ke fara faɗuwa a wannan lissafi, sai manyan maza da uwaye masu shayarwa, matan da ba su da 'ya'ya su ne na ƙarshe.

A 2022 tawagar Kristin Laidre ta Jami'ar Washington ta ba da labarin wasu 'yan ɗaruruwa a kudu maso gabashin Girinlan, waɗanda duwatsu da ruwa suka ware daga sauran tsawon ɗaruruwan shekaru. Ƙanƙarar teku kimanin kwana 100 kawai take musu a shekara, abin da a lissafi bai isa ya riƙe su ba. Sauran watannin suna farautar sil ne a kan gutsattsarin da ke ɓallowa daga manyan tsaunukan ƙanƙarar tudu suna faɗawa cikin lungunan teku. Jaridu sun yi murna, wasu har suka ce beyar ya samo mafita. Masu binciken ba su ce haka ba. Irin waɗannan lunguna a Girinlan da Svalbard ake samunsu, yawancin gaɓar Kanada da Alaska da Rasha babu su, wurin kuma ba zai ɗauki dubbai ba. Matan da ke can sun fi na sauran yankuna ƙanƙanta, kuma an ga ƙarancin masu sabuwar haihuwa a cikinsu.